Ɗurin Kwana: Sana'ar da Na Ƙaga wa Mutanen Littafina

A cikin littafin da nake rubutawa akwai wata sana'a da ake kira ɗurin kwana. Babu ita a duniya, ni na ƙaga ta, kuma gara in faɗi haka tun da wuri don kada wani ya zaci asiri nake koyarwa. Mai wannan sana'a, wanda mutanen garin ke kira maɗuri, abu biyu kaɗai ya iya. Yana ɗura wa abu kwanaki, ya sa shekara goma ta wuce a kan ƙwarya guda kafin ka idar da alwala. Yana kuma tatse kwanaki daga jikin abu, ya hana su bi ta kansa, ko kuma, in ya ƙware ƙwarai, ya janyo waɗanda suka riga suka wuce. Iyakarsa ke nan. Ba ya tashi sama, ba ya ɓacewa, ba ya kiran aljani, ba shi da laya ko guru. Duk abin da zai canza a jikin ƙarfe ko fata ko hatsi, ta hanyar kwana zai canza shi.

Abin da ya kai ni ga haka shi ne gajiya da bokan da ba shi da iyaka. Kun san shi. A labarai da yawa da muke karantawa ko muke kallo, da zarar labari ya cije sai a garzaya wurin boka, ya ƙyalƙyale da dariya, ya watsa garin magani a wuta, komai ya warware ko ya dagule, gwargwadon abin da marubuci yake bukata a wannan shafin. Mai karatu bai san abin da bokan zai iya da wanda ya fi ƙarfinsa ba, saboda haka ba ya jin tsoro na gaske, kuma in jaruma ta kuɓuta ba ya jin daɗin wayonta. Ni malamar kemistiri ce a sakandare, aikina kullum shi ne nuna wa yara cewa ba abin da ke canzawa haka siddan. Burina in rubuta almarar da yarinya 'yar aji biyar za ta karanta, ta tsaya a tsakiyar babi ta ce, a'a, wannan ba zai yiwu ba, ai babu ruwa a wurin. Ranar da ta faɗi haka, ta zama 'yar garin nan da na gina.

Sana'ar duka a kan magana ɗaya take zaune: kwana ba ya yin komai shi kaɗai. Mukan ce shekaru sun cinye garun nan, ko lokaci ya ci ƙofar can. Ruwa ne ya ci, da iska, da gara, da funfuna. Lokaci fili kawai ya ba su. Saboda haka maɗurin da bai san abin da ke cin abu ba, ko ya ɗura masa shekara dubu, zai buɗe ya tarar da shi yadda ya bar shi.

A wurin Inna na fara ganin wannan, tun ban san sunansa ba. Tana dafa kalwa har ta yi laushi, ta surfe ta, ta wanke ɓawon, ta sake dafawa, sannan ta juye a masaki tun da zafinta, ta rufe da ganye da buhu, ta kai lungun ɗaki. Bayan kwana biyu ko uku wari ya cika gida, kalwa ta zama daddawa. Wanda ya kalli abin daga nesa zai ce kwana ukun nan ne suka yi aiki. Ƙwayoyin bakteriya ne suka yi, waɗanda ke son ɗumi da danshi, suka farfasa abin gina jikin da ke cikin kalwar, suka fitar da wannan wari da wannan ɗanɗano. Ɗauki busasshiyar kalwa ka zuba a kwalba ka toshe, ka ba ta kwana uku ko wata uku, kalwa za ka samu. A cikin littafin, wannan ne darasin farko da ake koya wa almajirin ɗuri. Ana ba shi ƙwarya biyu, ɗaya da dafaffiyar kalwa mai ɗumi, ɗaya da busasshiya, a ce ya ɗura wa kowace kwana uku. Ya buɗe ta farko wari ya buge shi, ya buɗe ta biyu ya ga ba abin da ya motsa. Daga nan malaminsa zai tura shi ya yi shekaru a hannun masu daddawa, da majema, da maƙera, da marina, kafin a sake barinsa ya taɓa kwana.

Kafin ya yi ɗuri, maɗuri yakan zana abin da suke kira shinge. Yana iya zama bakin tulu, ko da'irar toka a ƙasa, ko bangon rumbu. Abin da ke cikin shinge shi kwanakin za su bi ta kansa, da iskar da ke ciki, da ruwan da ke ciki, ba ƙari. Wannan ƙaramar ƙa'ida ita ta fi ba ni labari. A ce ana so a karya kwadon kurkuku da tsatsa. Tsatsa sai da ruwa da iskar oksijin. In maɗuri ya rufe kwadon a ƙaramin shinge ya ɗura shekara ɗari, 'yar iskar da ke ciki za ta ƙare tun ba a je ko'ina ba, tsatsar ta tsaya cak. Dole ya zo da yaro mai zuga-zugi yana hura masa iska, da mai yayyafa ruwa, in da gishiri ma ya fi sauri. Fashin kurkuku a garin nan aikin mutum uku ne, kuma ana jin ƙarar zuga-zuginsu daga nesa.

Duk wanda yake ganin na tsananta, ya tuna da kwalekwalen Dufuna. A 1987 wani makiyayi yana haƙa rijiya a kusa da ƙauyen Dufuna, cikin jihar Yobe ta yanzu, ya ci karo da katako a ƙarƙashin ƙasa. Da masana daga Jami'ar Maiduguri da ta Frankfurt suka tono shi a 1994, sai ga kwalekwale mai tsawon fiye da mita 8, wanda awo ya nuna ya kai shekara 8,000. Katako ne fa, irin wanda in ka jingine shi a bayan ɗaki damina kaɗan za ta gama da shi. Abin da ya tsare shi shi ne jiƙaƙƙiyar laka da ta toshe shi daga iska, masu cin itace suka rasa abin numfashi. Shekara dubu takwas sun zo sun wuce ba su sami abokin aiki ba. Yadda aka san shekarunsa ma abin sha'awa ne ga mai irin littafina: akwai wani nau'in kabon a jikin duk abin da ya taɓa rayuwa, wanda rabinsa ke rikiɗewa ya zama wani sinadari daban a duk shekara 5,730, ko da ruwa ko babu, ko da iska ko babu. Shi kam agogo ne da ba ya jiran kowa. Da za a kawo wa masanin yau ƙwaryar da aka fafe jiya, maɗuri ya ɗura mata shekara dubu biyar, awonsa zai ce tsohuwa ce, kuma bai yi ƙarya ba.

Tambayar da kowa ke fara yi mini ita ce ta dukiya. Me zai hana maɗuri ya ɗauki gawayi ya ɗura masa shekara miliyan ya zama daimon? Ba zai zama ba. Daimon a can ƙarƙashin ƙasa yake samuwa, zurfin da ya kai kilomita 150 ko fiye, inda matsi da zafi suka wuce misali. Da kamfanin General Electric na Amurka ya haɗa daimon a ɗakin gwaji a 1954, da injin matsi da wuta ya yi, ba da jira ba. Gawayin da ke zaune a ƙwarya ba shi da hanyar zuwa can, ko nawa aka ɗura masa. Haka dalma ba ta zama zinariya. Abin mamaki ma, hanyar a juye take tafiya: yuraniyom, irin wanda ake haƙowa a Arlit ta Jamhuriyar Nijar tun 1971, shi ne yake rikiɗewa a hankali, rabinsa a cikin shekara biliyan 4.5, ya bi ta matakai har ya tsaya a dalma. Wato maɗurin da ya fi kowa ƙarfi, in ya sami dutse mafi daraja ya zuba masa duk kwanakin duniya, dalma zai kwasa. Na so wannan ƙwarai. Akwai wani attajiri a littafin da ya ƙarar da dukiyarsa yana neman zinariya ta wannan hanya, ban kuma tausaya masa ba, domin marina da maƙera sun gaya masa gaskiya tun farko ya raina su.

Maɗurin ba ma zai rayu ya kwashi dalmar ba, saboda zafi. Yawancin canjin da ke faruwa da kansa yana fitar da zafi, sai dai a hankali yake fita har ba ma ji. Kilo ɗaya na ƙarfe in ya zama tsatsa gaba ɗaya, zafin da ya fitar ya isa ya tafasa ruwa cikin jarka mai lita 20. A shekara hamsin, ba wanda zai lura. A cikin numfashi goma, wuta ce. Tartsatsin da kuke gani yana tashi in mai wasa wuƙa ya ɗora ta a kan injinsa, ɓarɓashin ƙarfe ne ke haɗuwa da oksijin nan take, abin da tsatsa ke yi a shekaru. Shi ya sa tsofaffin maɗura a littafina duk da tabon ƙuna a hannu, kuma ba a yin babban ɗuri sai a bakin kogi. Gaggawa ce ke kashe su, fiye da kowane maƙiyi.

Wurin da na fi daɗewa a kansa shi ne karofi, domin jarumata 'yar gidan marina ce. Kawuna marini ne, irin na gargajiya da ake gani a Ƙofar Mata a Kano, wadda ake cewa tun 1498 ake rini a cikinta. Ana zuba ruwa da toka da shuni a ramin, a riƙa motsawa da doguwar sanda, a bar shi kwanaki har ya nuna, kumfa ta taso. A nan ma bakteriya ne ke aiki: suna cinye iskar da ke cikin ruwan, su juya shunin ya zama mai narkewa, yadda zai iya shiga cikin zare. Na je masa da murnata, ina ganin na samo wa maɗuri aiki mai sauƙi.

Na ce, "Kawu, da a ce akwai mai iya sa kwana bakwai su wuce a cikin ramin nan yanzu-yanzu, ai da kun huta."

Ya ce, "Wajen nunar ruwa, e, da mun gode masa. Amma ke 'yar nan, rinin fa? Ba daɗewa a ruwa ke sa zane ya yi baƙi ba. Tsomawa ce da fitarwa. In bai sha iska ba, bai rinu ba."

Ya tsamo wani ƙyalle ya ɗaga mini. Da ya fito kore-kore ne, muna kallo yana juyewa shuɗi, domin iska ta taɓa shunin ta mayar da shi wanda ba ya narkewa, ya maƙale a cikin zare. A sake tsomawa, a sake ɗagawa, launi na hawa kan launi, har a kai ga baƙin nan mai sheƙi bayan an kai wa mabuga. Wannan maganar ta Kawu ita ta gina mini babi guda. Wani maɗurin fada, mai ji da kansa, ya yi alkawarin rina wa sarki rawani ɗari a dare ɗaya. Ya jefa su a rami ya ɗura wata guda. Da safe aka tsamo su da launi fatsi-fatsi na tsomi ɗaya, zaren kuma ruwan toka ya fara cinye shi. Yarinyar da ta taso tana riƙe wa babanta bakin zane ita ta san dalili, kuma ta nan aka fara jin sunanta a fada.

Zuwa nan duk wasa ne mai daɗi. Inda labarin ya yi nauyi shi ne wajen tatsa. Mu ma a duniyar gaske kullum cikin ciniki muke da lalacewa. Muna shanya tumatir ya zama kauɗa, muna yanka nama siriri mu yi kilishi, muna ɗaga rumbu a kan duwatsu don kada danshi ya hau. Mohammed Bah Abba, malami daga Jigawa, ya yaɗa dabarar tukunya cikin tukunya, da jiƙaƙƙen yashi a tsakani da jiƙaƙƙen tsumma a sama, har ya sami lambar yabo ta Rolex a 2000. Gautar da kan yanƙwane a kwana uku takan kai makonni a ciki. A duk waɗannan, masu lalata abincin muke ragewa ƙarfi, da bushewa ko da sanyi. Maɗuri shi kwanakin da kansu yake ɗaukewa, hatsi ya shekara bakwai a rumbu yana sabo fil. To amma na sa masa sharaɗi: kwana ba ya ɓacewa. Duk abin da ka tatse daga nan, sai ka zuba shi a wani wuri, kamar ruwan kwata, in ya fita daga gidanka ƙofar maƙwabci zai bi. Kuma jinsi sai jinsinsa: kwanan hatsi dutse ba ya karɓarsa, sai abin da ya taɓa tsiro ko numfashi.

Daga wannan sharaɗin garin ya rabu biyu ba tare da na tsara ba. Akwai unguwar da rumbunanta ba sa tsufa, tufafin cikin adaka ba sa cin asu, littattafai ba sa dafewa. Akwai kuma unguwar bayan ganuwa, inda jinkar da aka yi bana take zama bunu kafin kaka, zana ta ruɓe, azara ta karye a kan masu barci, igiyar guga ta tsinke a rijiya. Mutanen unguwar suna cewa ƙasar wurin ce ba ta da albarka. Ba su san cewa kowane dare ana zagayowa a zuba musu kwanakin rumbunan wasu ba. Ban rubuta wannan don in yi wa kowa habaici ba, amma duk wanda ya taɓa zama kusa da inda ake zubar da dattin masana'anta ya san ba daga sama na ɗauko shi ba.

Jikin mai rai kuma ya fi komai wuya, kuma a nan na fi yin taka-tsantsan. A ce manomi ya roƙi maɗuri ya ɗura wa shukarsa wata uku don ya girbe gero yau. Geron nan yana bukatar ruwan wata uku da ranar wata uku, a cikin shinge kuwa ranar yini ɗaya ce da ɗan danshin da ke ƙasa. Zai buɗe ya tarar da busasshen tsiro. Ba a noma da ɗuri, shi ya sa yunwa ba ta ƙare a garin ba. Mutum ma haka: ɗura masa mako guda a zama ɗaya, ƙishirwa ta kashe shi kana kallo. Amma in kaɗan-kaɗan ne, awa uku yau, awa uku gobe, yana ci yana sha, jiki na ɗauka. Mai karaya yakan so haka, bayan mai ɗori ya gama aikinsa, don ƙashi ya haɗe da wuri. Sai dai inda ake da mabukata, ba a rasa mai sayen bukatarsu. A garin akwai waɗanda ake kira 'yan karɓa, talakawan da ake biya su karɓi kwanakin da aka tatso daga kayan masu hali. Suna shiga shinge da yamma su fito da yunwar wanda ya yini bai ci ba, rabin ladan ya tafi a tuwo. Shekara goma a wannan aiki, sa'arka ta zama kamar yayar babarka. Mahaifiyar jarumata 'yar karɓa ce. Akwai wurin da suka je gidan biki wata baƙuwa ta ce wa yarinyar, gai da kakarki mana. Na rubuta wannan shafin ina share hawaye, domin na san mata da yawa da wahala ta yi wa haka ba tare da wani maɗuri ba.

Mayar da abu baya shi ne ƙololuwar sana'ar, kuma da gangan na sa ya yi wuya har ya kusa gagara. Tun tsakiyar ƙarni na 19 masanin Jamus Rudolf Clausius ya tsara abin da kowace mai girki ta sani: zafi ba ya tashi da kansa daga abu mai sanyi ya koma mai zafi, abin da ya watse ba ya tattaruwa sai an biya. Ana iya biya, ai. Maƙeran da suka zauna a gindin Dala tun wajen ƙarni na 7 abin da suke yi ke nan: tama ƙarfe ce da ta riga ta haɗu da oksijin, su kuma su raba su da wutar gawayi, itatuwa masu yawa su tafi kafin a sami ruwan fartanya. Maɗuri ma yana iya mayar da fasasshen tulu ya koma lafiyayye, in har kowane ɓallin yana cikin shinge. In guda ya ɓace, da ɓuli zai dawo. Takardar da aka ƙona kuwa, tokar ba ita ce takardar ba, mafi yawanta ya tafi a hayaƙi. Sai wanda ya ƙona ta a rufaffen tulu ne zai iya dawo da ita. Saboda haka a fadar garin akwai ƙona iri biyu. Wasiƙar da ake so a ɓoye, a tulu ake ƙona ta a toshe da laka a ajiye, ba mai karanta ta sai mai maɗuri. Wadda ake so ta tafi har abada, a kan soro ake ƙona ta ranar da ake iska. In bawan sarki ya hau soro da kasko, kowa ya san an binne wata magana.

Akwai iyakar da ban yarda alƙalamina ya tsallaka ba, ita ce rai. A Suratul Baƙara, aya ta 259, Allah Maɗaukakin Sarki ya ba mu labarin mutumin da ya wuce ta wata alƙarya da ta rushe, ya yi mamakin yadda za a raya ta. Allah ya matar da shi shekara ɗari sannan ya tashe shi, abincinsa da abin shansa ba su canza ba, jakinsa kuwa aka tayar da ƙasusuwansa aka tufatar da su da nama yana gani. Malaman tafsiri da yawa sun ce Uzairu ne. Wannan ikon Allah ne shi kaɗai, kuma ba na jingina shi ga wani ɗan Adam ko da a cikin ƙage. A littafina in maɗuri ya tatse kwana uku daga gawa, gawa zai samu wadda ba ta kumbura ba, ba ƙari. Ajali ba ya hannunsa, kuma maɗuran kirki su suka fi kowa faɗin haka. Ba sa yanka wa kowa, ba sa roƙon kowa sai Allah. A duniyar tasu ɗuri baiwa ce da ake gogewa da koyo, yadda wani ke da hannun ƙira wani ba shi da shi. Wasu 'yan'uwa sun ce mini duk da haka in bar shi, abin ya yi kama da sihiri. Na saurare su da girmamawa, domin tsoron Allah ne ya sa suka faɗa. Amma mu da muka taso ana ce mana ga ta nan ga ta nanku, muna jin Gizo yana magana da Ƙoƙi, mun san bambancin tatsuniya da aƙida tun muna kan tabarma.

Yanzu ina babin shari'a. Yarinyar ta gano inda kwanakin unguwarsu suke fitowa, amma gano abu daban, tabbatar da shi a gaban alƙali daban, ga shi wanda take ƙara shi ke ciyar da rabin fada. Ba ta da shaida, domin masu zubin da dare suke zuwa. Abin da za ta kai shi ne damin bunu biyu. Ɗaya daga wani tsohon ɗaki a ƙauye, wanda ya yi shekara shida na gaske a kan jinka: bayansa ya koɗe saboda rana, ƙurar hunturu shida ta shiga tsakaninsa, cikinsa ya yi baƙi da hayaƙin girki. Ɗayan daga ɗakin mahaifiyarta: yana marmashewa a hannu, funfuna ta cinye shi, amma bayansa da sauran launin sabuwar ciyawa, ƙurar cikinsa ta shekara ɗaya ce, hayaƙin ma bai gama kama shi ba. Rana da ƙura da hayaƙi daga wajen shinge suke zuwa, ba a ɗura su. Za ta roƙi alƙali ya kira mai yin jinka mafi tsufa a garin, a ba shi damin biyu ba tare da an gaya masa komai ba, a tambaye shi shekarun kowanne. Tsohon zai juya na farko ya ce shida. Na biyun zai daɗe yana juya shi, ya shinshina, ya murza, sannan ya ce, "Allah ya gafarta malam, cikinsa ya ce shida, bayansa ya ce ɗaya." Abin da alƙalin zai yi da wannan amsa, da matsin da zai sha daga fada kafin ya buɗe baki, shi nake rubutawa a wannan makon.